Tsofaffin hotunan Legas: fara ceto na hannunka kafin ka nemi na Turawa

Tambaya: Wani matashi mai shirya fina-finai a Agege ya rubuto cewa yana haɗa shirin talabijin a kan tarihin Hausawan Legas. Ya sauke wasu tsofaffin hotunan bidiyo daga YouTube, amma akwai tambarin masu su a jiki, kuma ba su fita tangaran ba. A gida akwai jakar kaset-kaset na bidiyo da gwangwanaye biyu na fim da kakansa ya bari, ɗaya daga ciki yana wari. Yana so ya san inda zai samo hotuna masu kyau, ko ya halatta ya yi amfani da na YouTube ɗin, da kuma ko ya sa manhajar AI ta gyara su ta yi musu kala.

Amsa: Ƙanena, Allah ya yi wa wannan aiki albarka, ya kuma jiƙan kakanka. Ka sa maganar YouTube a gaba, jakar kakanka a baya, ni kuwa da jakar zan fara. Abin da ke ma'ajiyoyin fina-finan Turawa a Landan yana cikin ɗaki mai sanyi, ana kula da shi, ko shekara goma ka yi ba ka neme shi ba yana nan. Abin da ke cikin jakar nan wataƙila babu kwafinsa a ko'ina a duniya, kuma danshin Legas yana cin sa yanzu haka da muke magana.

Gwangwanin da ka ce yana wari, idan warin tsami ne mai hawa hanci irin na binega, to cutar da muka sani ce. Yawancin fina-finan wancan zamani an yi jikinsu da wata roba mai suna asitet. Idan zafi da laima suka daɗe a kanta sai ta fara ruɓewa tana fitar da asid, shi kuma asid ɗin yana ƙara hanzarta ruɓewar. Fim ɗin ya ƙanƙance, ya kanannaɗe, ya yi ƙanƙamo, daga ƙarshe fatar da hoton ke kai ta ɓare daga jikin robar. Ba a warkar da shi, sai dai a rage masa gudu a kwafe hoton kafin ya tafi. Tururin kuma yana kama na kusa da shi, kamar ruɓaɓɓen tumatir a kwandon 'yan Mile 12. Don haka yau ɗin nan ka raba gwangwanayen biyu, kada su sake kwana wuri ɗaya, ka kuma nisanta su da kaset-kaset. Ka sa su a ɗakin da ya fi sanyi da bushewa a gidan, a kan kanta, ba a ƙasa ba, ba jikin bangon da ke tsatsafo da damina ba, ba kuma sama kusa da kwano ba.

Kafin ka ajiye, auna faɗin zaren. Idan milimita 8 ne ko 16, hankalinka ya kwanta ta fuskar gobara, domin kamfanin Kodak bai taɓa yin waɗannan da naitiret ba, wato tsohuwar robar fim mai saurin kama wuta. Idan milimita 35 ne, ka warware ɗan kaɗan da hannu mai tsabta, riƙe da gefe, ka duba rubutun da ke bakin zaren. In ka ga SAFETY, to. In ka ga NITRATE, ka rufe, ka fitar da shi daga ɗakin kwana, nesa da janareta da kicin. Irin wannan fim, wanda aka daina yi a farkon shekarun 1950, idan ya kama wuta ruwa ba ya kashe shi, kuma hayaƙinsa guba ne. Sai ka nemi ma'aikatan adana fina-finai su karɓe shi.

Abin da nake roƙonka da babbar murya shi ne kada ka ɗora fim ɗin a majigi don ka ga abin da ke ciki. Na san zuciya za ta so. Amma zaren da ya ƙanƙance ramukan gefensa ba sa dacewa da haƙoran majigi, kuma a zagaye ɗaya za ta yayyaga shi. Ana kwafe irin wannan ne da sikana wadda ba ta da haƙora, tana jan zaren a hankali da tayoyin roba tana ɗaukar kowane firam, wato kowane hoto guda a jikin zaren, daban, irin su Lasergraphics ScanStation. Fim na milimita 16 a kwafe shi a ƙarfin hoto na 2K aƙalla, na 35 a 4K in aljihu ya kai. Ka ce a ba ka kwafin da ba a taɓa ba, har da bakin zaren a ciki, domin rubutun da ke wurin yana taimakawa wajen gane shekarar da aka yi fim ɗin.

Kaset-kaset ɗin ma haka. Ka duba ta tagar kowane: in ka ga farin abu kamar gari ko zaren gizo a kan naɗin, funfuna ce. Ka sa shi a na'ura, ka ɓata kaset ɗin, ka ɓata kan na'urar, ka kuma shafa wa duk wanda ya biyo baya. Sai an buɗe an share zaren a hankali, mai sharewa da takunkumi a hanci. Idan akwai manyan kaset irin U-matic, waɗanda Sony ya fito da su a 1971 kuma gidajen talabijin suka yi ta aiki da su, matsalarsu daban ce: gam ɗin da ke riƙe da hoton yana shan laima ya yi danƙo, sai kaset ya riƙa ƙara yana maƙalewa. Ana gasa su a na'ura ta musamman a zafin da bai wuce digiri 50 zuwa 55 ba na sa'o'i masu yawa, a samu 'yan kwanaki a kwafe. Wannan ba aikin murhun gida ba ne, kuma ba a gasa fim ko kaɗan. Ga kuma wata matsalar: kamfanin Funai na Japan, wanda shi ne na ƙarshe da ke ƙera na'urar kallon kaset ɗin VHS, ya daina a 2016. Duk wadda za ka samu a Alaba tsohuwa ce, kullum masu lafiya raguwa suke. Ka nemi mai kyau, a wanke kanta, a gwada ta da kaset ɗin da ba a damu da shi ba. Ka bi da hoton ta na'urar daidaita sigina da ake kira TBC, ita ce ke hana hoto rawa da karkacewar sama. 'Yar ƙaramar na'urar USB mai arha da ake sayarwa a Computer Village tana matse hoton tun daga shigarsa, abin da ta zubar kuma ba ya dawowa. Ka ɗauka a asalin girmansa na PAL, tsarin talabijin ɗin ƙasarmu, wato 720 da 576, ba tare da matsewa ba. Gyara daga baya ne.

Kada ka raina abin da zai fito. Bikin aure a Idi-Araba, rakiyar alhazai zuwa filin jirgi na Ikeja, naɗin sarautar Hausawa a Agege, saukar da shanu, walimar saukar karatu: waɗannan su ne shirinka. Turawan da suka zo da kyamara sun zo ɗaukar gwamna ne da tashar jiragen ruwa, ba su shiga zaurukanmu ba. Don haka in ka gama da jakar kakanka, ka bi gidajen tsofaffin 'yan kasuwar goro, fadar Sarkin Hausawa, kwamitocin masallatai, da tsofaffin masu ɗaukar bidiyon biki. Ka tafi da dattijon da aka sani, ka yi alkawarin dawo da kaset tare da kwafinsa a filashi, ka kuma cika. Wani abu da masu bincike na waje ba sa lura da shi: kaset ɗin biki yana ɗauke da mata a cikin gida, wajen kamu da sa lalle, ba lulluɓi. Wanda ya ba ka kaset bai ba ka izinin nuna uwar wani a talabijin ba. Ka tambayi masu fuskar ko 'ya'yansu, in sun ce a'a ka bari.

Yanzu sai ma'ajiyoyi. A cikin gida, Hukumar Fina-finai ta Najeriya, wadda aka kafa a 1979, tana da ma'ajiyar fina-finai, bidiyo da sauti ta ƙasa a Jos. Tarin kayan FESTAC, bikin al'adun baƙar fata na 1977, yana hannun cibiyar al'adu ta CBAAC a nan Legas. Sai NTA, da gidajen talabijin da suka riga ta: WNTV ta Ibadan ta fara a 1959, ta Kaduna da ta Legas a 1962. Kada ka sa rai da yawa, domin a wancan lokaci kaset tsada gare shi, gidajen talabijin a duniya, har da BBC, suna goge tsohon shiri su ɗora sabo, namu ma ba su tsira ba. Amma ka je da ƙafarka, da wasiƙa a hannu, ka nemi tsohon ma'aikacin laburare, shi ya san abin da ba ya cikin rajista. Kuma kada wani ya ce maka komai ya ɓace. Fim ɗin Shaihu Umar na 1976, wanda Adamu Halilu ya ba da umarni daga littafin Abubakar Tafawa Ɓalewa, an daɗe ana ɗauka ya salwanta, sai a 2016 aka gano shi a cikin kayan Hukumar Fina-finai. Didi Cheeka na Lagos Film Society yana cikin waɗanda suka tsaya a kan lamarin, cibiyar Arsenal ta Berlin ta gyara shi, aka nuna shi a bikin fina-finai na Berlin a 2018. Fim ne na Hausa, kuma shekara arba'in ya yi a gwangwani.

A waje, British Pathé, ma'ajiyar tsofaffin fina-finan labarai ta Birtaniya, ta sa fina-finanta kusan 85,000 a YouTube a 2014, ita ce kuma ke sayar da lasisin tsofaffin hotunan Reuters. AP, kafar dillancin labarai ta Amurka, tana da nata tare da na British Movietone. A can za ka samu ziyarar Sarauniya ta 1956, bikin 'yancin kai na 1 ga Oktoba 1960 a filin sukuwa da yanzu ake kira Dandalin Tafawa Ɓalewa, da tafiye-tafiyen Sardauna. Fina-finan sashen fim na 'yan mulkin mallaka, wanda aka kafa a 1939 ƙarƙashin William Sellers, suna cibiyar fina-finai ta Birtaniya, BFI, da gidan tarihi na Imperial War Museum. Shi Sellers jami'in kiwon lafiya ne a Legas tun farko, da fim yake wayar da kan jama'a a kan annobar da ɓeraye ke yaɗawa, shi ya sa ake samun lungunan Legas a cikin aikinsa. Bristol Archives kuma tana riƙe da fina-finan da ma'aikatan mulkin mallaka suka ɗauka don kansu, kuma sau da yawa waɗannan sun fi na hukuma nuna rayuwar talaka. Ziyarar Ɓalewa a Amurka a Yulin 1961 tana ɗakin karatu na Kennedy da ma'ajiyar ƙasa ta Amurka, kuma abin da gwamnatin tarayyar Amurka ta ɗauka da kanta yawanci ba shi da haƙƙin mallaka a can, wanda sauƙi ne babba ga mai ƙaramin jari.

Wajen bincike, in ka rubuta "Hausa in Lagos" kusan ba abin da zai fito. Waɗanda suka rubuta bayanan ba su bambance Bahaushe da Banufe ba. Ka nemi wuri da sana'a da Turancin wancan zamani: "Iddo station", "cattle", "kola", "Lagos market", "Northern Nigeria", har da tsohon rubutu irin "Haussa" da "Mohammedan". Sannan ka zauna ka kalla da idonka. Mutumin da kake nema yana iya kasancewa a bayan gwamna, daƙiƙa huɗu, da babbar riga yana sauka daga jirgin ƙasan Kano. Duk abin da ka gani ka rubuta lambar fim ɗin, da lokacin da hoton ya fara da inda ya ƙare.

Game da na YouTube, amsar ita ce a'a. An sa su ne don a kalla, kuma don masu irin aikinka su gani su saya. Goge tambari ko yanke shi bai mayar da hoton naka ba, kuma gidan talabijin mai mutunci ko manhajar haska fina-finai za su nemi takardar izinin kowane hoto kafin su karɓi shirin. Yadda ake yi shi ne ka tace shirinka da kwafin gwaji mai tambari. Sai ka kulle tacewa, ka ƙirga daƙiƙoƙin da suka rage a ciki, sannan ka sayi lasisinsu a aiko maka da kwafi mai tsabta. Da daƙiƙa ko minti ake lissafi, da fam ko dala, kuma farashin ya dogara da abu uku: ƙasashen da za a nuna, kafar da za a nuna, da tsawon shekaru. Lasisin Najeriya kaɗai na 'yan shekaru ya fi na duniya har abada arha nesa ba kusa ba. Ka gaya musu gaskiyar ƙarfinka, ka nemi ragi, kuma ka sa a rubuta farashin faɗaɗa lasisin nan gaba tun yanzu, don kada shirin ya karɓu su tsauwala.

Wasu za su ce maka ai hoton ya wuce shekara 50, ya zama na kowa. Gaskiya ne dokar haƙƙin mallaka ta Najeriya ta 2022 ta ba fim shekara 50 daga lokacin da aka fitar da shi. Amma in shirinka zai fita waje, dokar can ce za ta yi aiki, kuma wa'adin Turai ya fi tsawo. Ban da haka, kwafi mai tsabta yana hannunsu, da yarjejeniya suke bayarwa. Kiɗa da waƙar da ke cikin hoto ma suna da nasu masu haƙƙi daban. Ka samu lauya ya duba takardun kafin ka sa hannu.

Sai maganar gyara, wadda ita ce ta fi damuna. A wurina gyara shi ne mayar da hoto yadda kyamara ta gan shi ranar da aka ɗauka. Cire ƙura da ƙarzuwa, tsayar da rawar hoto, daidaita haske, duk wannan daidai ne. Fim mai kala da ya koma ja-ja ko ruwan hoda, saboda rinin shuɗi da na rawaya sun riga na ja koɗewa, ana iya dawo da shi a manhajar DaVinci Resolve in da sauran rini a jiki. Amma ko manhajojin ƙwararru irin su Diamant da Phoenix, in ka sake musu linzami, ba sa bambance datti da abin da ke motsi da sauri. Za su share tsuntsu a sama, su share kan mashin mahayi, su share ƙwayoyin carbi a hannun dattijo. Dole mutum ya bi bayansu firam bayan firam.

AI kuwa ta wuce nan, domin abin da ba ta gani ba ƙirƙirarsa take yi. Ka ba ta fuskar tsoho mai dishi-dishi, ta dawo maka da fuska sumul, ta shafe zanen da ke kumatunsa. Wannan zane shi ne zai sa wata tsohuwa a Agege ta ce wannan Bagobiri ne, ko Bakatsine, ko ma ta ce wane ne, ɗan gidan wane. Aikin aska takwas a ƙirjin riga ta mayar da shi wani zane da babu maɗinkin da ya taɓa yin sa. Kala kuma cankarta take yi. Ba ta san rawanin nan baƙin shuni ne mai ƙyalli ba, ba ta san ja da kore na rigar dogari ba. Mai kallo kuwa zai ɗauka abin da ya gani haka yake, ɗalibi ya ɗauke shi hujja. Shawarata ka bar baƙi da fari a yadda yake. In tilas sai ka ɗaga girman hoton VHS don ya zauna a allon zamani, ka yi da sauƙi, ka kashe sashen gyaran fuska, ka ajiye na asali a gefe kana kwatantawa.

Abu biyu kuma da editoci ke yawan ɓatawa. Tsohon hoto faɗinsa 4 da 3 ne, allon yanzu 16 da 9. In ka ja shi ya cika allo mutane sun kumbura, in ka yanke ka zubar da kashi ɗaya cikin huɗu na tsayinsa, kuma hula da rawani ne ke fara tafiya. Ka bar baƙin fili a gefe biyu. Sannan fina-finan gida marasa sauti firam 16 ko 18 ake ɗaukarsu a daƙiƙa. In ka sake su a 25 na talabijin, dattawa masu tafiyar ƙasaita za su riƙa sauri kamar ana korarsu. Ka mayar da su gudunsu na asali. Sautin da za ka ɗora ma a yi hattara: kakaki na sarki ne, ba a busa shi a kan hoton fatake.

Kowane hoto ka tabbatar da wurinsa da shekararsa, kada ka dogara da rubutun gwangwani ko na YouTube. Legas tana da alamomi masu taimako. In motoci suna bin hannun hagu, kafin Afrilun 1972 ne. In farashin da ke jikin allo fam da sule ne, kafin Janairun 1973 ne. In ka hango Gidan Wasan Kwaikwayo na Ƙasa a Iganmu, ba a yi hoton kafin tsakiyar shekarun 1970 ba, Gadar Third Mainland kuma a 1990 aka kammala ta. Hawan dabar da aka yi wa Sarauniya a 1956 a Kaduna aka yi shi, haka na FESTAC, kada ka sa su a ƙarƙashin maganar Legas ba tare da ka faɗa ba. In ba ka samu hoton Zangon Agege ba, ka sa na kasuwar Kano don cike gurbi, to ka rubuta a allo cewa Kano ce. Hanya mafi inganci da na sani ita ce ka tara dattawa uku ko huɗu bayan la'asar, ka kunna musu hoton a hankali, ka kunna rikoda. Za su yi gardama a kan wane titi ne, wane masallaci ne, kuma daga gardamar za ka samu sunaye da labaran da babu su a kowace rajista. Sau da yawa wannan zaman kansa yakan shiga cikin shirin.

In an gama kwafewa, kada ka jefar da kaset ko fim, na'urar gobe za ta iya fitar da abin da ta yau ta kasa. Fayil ɗin asali, wanda ba a gyara ba, ka yi masa kwafi uku a ma'ajiyar kwamfuta daban-daban, ɗaya ya bar Legas gaba ɗaya, ka aika wa ɗan'uwa a Kano ko Kaduna, kana duba su duk shekara kana sauya wadda ta tsufa. Kowane fayil ka haɗa shi da takarda mai faɗin gidan da kaset ya fito, wanda ya ɗauka, shekarar, waɗanda ke ciki, da wanda ya ba da izini. Gwangwani mai warin nan kuma shi za a fara kaiwa sikana, ko da zai sa ka jinkirta sayen na Pathé zuwa baɗi. Ka aiko mini da faɗin zarensa da abin da aka rubuta a bakinsa, sai mu san mataki na gaba.